Ranar da Inna Ta Ga Teku a Kusada

Aikina na farko bayan na bar makarantar Midil magana ce. Hukumar En'e ta ɗauke ni a Katsina, aka haɗa ni da motar majigi, ni da direba da mai inji. Direba ya kai mu gari, mai inji ya kafa sanduna ya ɗaura farin ƙyalle ya tada injin wuta, ni kuma in tsaya a gefen mota da abin magana a hannu, in riƙa faɗa wa jama'a da Hausa abin da idanunsu ke gani. Zamanin Turawa ne, kuma yawancin hotunan na gwamnati ne: yadda ake zuba takin zamani, yadda ake ɗaure bakin rijiya, amfanin lambar agana. Direba yana kirana Sarkin Baki. Yakan ce tun da yake bai taɓa ganin wanda surutu ya zame masa sana'a ba sai maroƙi da ni, kuma maroƙi ya fi ni murya.

Gidanmu yana wani ƙauye kusa da Kusada. Mahaifinmu ya rasu tun ina elementare, ya bar Inna da mu biyu, ni da yayana. Akwai matar yayana da 'yarsu ƙarama, sai Baffa, ƙanen mahaifinmu, wanda ke jan salla a unguwa.

Yayana shi ne ɗan farin Inna, saboda haka ban taɓa jin sunansa a bakinta ba. Ba ta kallonsa in tana masa magana, ba ta yabonsa, in ya yi ciwo ma sai ta aiki wata ta duba shi ta tsaya tana jira a bakin madafa. Haka kunyar ɗan fari take a wurinmu. In dole ta ambace shi sai ta ce mai gora. Ya samu sunan ne daga aikin da yake yi da damina. In gulbin da ke tsakaninmu da hanyar kasuwa ya cika, shi ke ƙetarar da mutane da wani ƙaton gora. Mutum ya ɗora kayansa a ka ya rungumi goran, shi kuma yana iyo yana tura shi har gaɓa. Ya ƙetarar da tsofaffi da masu ciki, har da jaki.

Wata shekara bayan an gama kaka ya bi ayarin masu zuwa Makka a ƙasa. Sun bi ta Barno suka shiga Sudan. Saƙonsa yakan iso jefi-jefi a bakin masu dawowa: yana lafiya, yana tsinkar auduga a wata babbar gona yana tara guzuri. Daga nan shiru. Sai wata rana wani alhaji mutumin Mawashi ya yi sallama a zaurenmu. Na zo hutu a lokacin, ina zaune tare da Baffa, Inna kuma tana bayan ƙofa tana ji.

Alhajin ya ce tare suka isa bakin Bahar Maliya. Babban jirgi sai da takardun gwamnati, su kuwa ba su da su, sai suka bi masu jiragen katako da iska ke turawa, waɗanda ke ɗaukar mutane a ɓoye. Jirgi biyu aka cika. Yayana ya shiga na gaba, shi ya shiga na baya. Suna tsakiya iska ta tashi. Nasu ya isa da ƙyar. Na gaba kuwa, sun yi ta cigiya a Jidda, aka hau Arfa aka sauko, ba a ga ko mutum ɗaya daga cikinsa ba.

Baffa ya yi salati ya sunkuyar da kai. Inna ta aiko wa baƙon da fura. Bayan ya tafi ta kira Baffa tsakar gida.

"Malam, shi baƙon nan ya ga gawa?"

"Bai gani ba, Innar yara. Ruwan can ba ya maido gawa."

"To, ka ji. Mutumin da ke hidda jaki daga gulbi, shi ruwa za ya ci? In ya hi ƙarhinshi ai ya san abin yi. Shi bi shi, shi kama reshe, shi hita can ƙasa. Shina wani ƙetare shina jiran ruwa ya ja."

"Ba irin ruwanmu ba ne."

"Ruwa dai ruwa ne, Malam. Bari rani ya yi."

Ba gardamar banza take yi ba. A duk ƙasar da Inna ta sani babu ruwan da ba ya janyewa. Gulbin da ke ruri a tsakiyar damina har ana jinsa daga gida, da bazara rairayi ne, mata na tona shi da ƙoƙo suna jiran ya tsatso. Tafkin bayan gari yakan koma busasshen laka mai tsage-tsage, awaki na yawo a kai. Ta haihu ta tsufa tana ganin haka kowace shekara. Na ɗauko littafin makaranta na buɗe mata taswira, na nuna mata inda aka shafa shuɗi, na ce duk wannan ruwa ne. Ta dubi takardar, ta dube ni.

"Kai ka gan shi?"

"A'a, Inna. An koya mana."

"To."

Ta mayar da hankalinta kan zaren da take kaɗawa.

Saboda haka ba a yi wa yayana sadaka ba. Ba a daka gumba ba, ba a tara malamai ba, ba wanda ya zo mana gaisuwa, don ba a gaisuwar wanda uwarsa ta ce yana hanya. Matarsa ta zauna a ɗakinta, ba ta da miji kuma ba ta shiga takaba ba. Mahaifinta ya zo daga Yashe ya zauna da Baffa, ya yi magana cikin ladabi, ya ce yarinya tana da ƙuruciya. Baffa ya ce ya sani, kuma zuwa wurin alƙali ba wuya ba ne. "Amma gumbar fa, a turmin wa za a daka ta? In na tara mutane a ƙofar gidan nan muna Fatiha, ita tana ciki tana cewa ɗanta na nan tahe, mi na yi ke nan?"

Da, ni da matar yayana wasa muke yi irin na ƙanen miji. In na zo hutu takan ce ga ɗan boko ya zo cinye mana tuwo da cokali. Yanzu sai gaisuwa. Sau ɗaya na tarar da ita tana tankaɗe na ce mata, "Ke me kika gani?"

"Ni mi zan gani? In Inna ta ce shina tahe, shina tahe."

"A ranki fa?"

"Raina ba shi aka tambaya ba. Matsa, kana tare mini haske."

Abin da ya fi damuna shi ne yadda shekara ta juye wa Inna. Da damina hankalinta a kwance yake, tana noma 'yar gayaunarta tana barci sosai, don ta san ba a ƙetare ruwa a lokacin. Da zarar an yi girbi gulbi ya fara ja, sai ta ɗauke tabarmarta ta koma kusa da ƙofar zaure da kaɗinta. Duk wanda ya yi sallama sai mazarinta ya tsaya. In fatake sun sauka a gari ta aika a tambaye su ko ta gabas suka fito. Har bazara ta ƙare, hadari ya haɗu, ruwan farko ya sauka, sai ta naɗe tabarmar ta ce bana ruwan can bai ja sosai ba. Rani ya zo ya wuce a haka ba ɗaya ba, ba biyu ba. 'Yar da yayana ya bari tana rarrafe ta isa aike.

Ana nan sai aka aiko mana da sababbin gwangwanayen majigi daga Kaduna. A cikinsu akwai wani gajere da bai yi kama da sauran ba. Ba ya koyar da komai. Baturen ofishinmu ya ce hoton wani tsibiri ne a ƙasar Girka, an aiko shi aro, mu riƙa sa shi a ƙarshe don mutane su huta da wa'azin taki. Na kalle shi a bangon ofis don in shirya abin faɗa, na rasa ta inda zan kama. Babu mai magana a ciki, sai kiɗan wani abu mai tsirkiya da ke tafiya a hankali kamar gurmi. Gari ne a kan dutse, gidaje farare tas an shafe su da farar ƙasa, lunguna ƙanana masu matakala. Gari ya waye, wata mata ta fito da burodi daga tanderun laka. Wani tsoho ya kora jaki da tuluna. Maza na zaune a ƙasa suna ɗinke komarsu ta kamun kifi. Wata tsohuwa cikin baƙaƙen kaya tana kaɗi a bakin ƙofa. Bayan wannan sai teku, kuma mai ɗaukar hoton ya daɗe a kansa ƙwarai.

A Kankiya muka fara nuna shi, a filin kasuwa bayan sallar isha'i. Ban taɓa jin mutane sun yi dariya irin ta ranar ba. Su Turawan da suka sani Di'o ne, jami'in mulki, da likita da mai duba auduga, mutanen da ke sauka daga mota a ɗauko musu kujera. Ga shi yau suna ganin farar fata da wando mai faci, ba takalmi, yana dukan jaki jakin ya ƙi tafiya.

"Ashe su ma suna da talakawa," in ji wani daga baya.

"Wannan ko haraji bai biya ba, dubi wuyanshi."

"Malam mai magana, tambaye shi ko za ya sai da jakin."

Da aka zo kan teku na faɗi abin da na shirya, da muryar aiki: jama'a, wannan shi ne teku, ruwa ne mai gishiri, ya kewaye garin nan ta ko'ina, ba a hango gaɓarsa, kuma yadda kuke ganinsa haka yake rani da damina. Aka yi ta mamaki, aka watse. Direba ya ce daga yau wannan ne limamin hotunanmu.

Washegari muka wuce Kusada. Ban aika gida ba, niyyata in mun gama in je in kwana in gaishe su. Ban kawo wa raina Inna za ta zo ba. Ba ta taɓa zuwa majigi ba, dodon bango take ce masa, kuma ba ta ga abin alfahari a ce ɗanta yana ihu a cikin ƙarfe ba. Daga baya na ji cewa wata tsohuwa maƙwabciyarmu ce ta matsa mata, ta ce kowa ya ji muryar ɗanki sai ke.

Aka kafa ƙyalle a filin da ke gaban makaranta. Yara a gaba a ƙasa, maza a tsaye a baya, tsofaffin mata da 'yan mata masu talla a gefe ɗaya jikin katanga. Hasken inji yana idona, ba na ganin fuskar kowa. Muka yi na taki, muka yi na rijiya, aka sa na tsibiri. Dariyar jaki ta tashi kamar ta jiya. Da tsohuwa mai kaɗi ta bayyana, ɓangaren mata ya ɗauki hayaniya, don mazarinta kamar namu ne, yadda take murza shi a cinya ta sake shi yana juyi ma haka muke yi. Cikin hayaniyar na ji wata ta ce, "Ke, ga 'yar'uwarki can." Sai wata murya ta amsa, ba da ƙarfi ba:

"Zarenta ya yi kauri. Ba ta shafa alli."

Muryar Inna ce.

Na san abin da ke biye. Na dubi mai inji, yana can ya duƙufa kan naɗinsa. Kafin in yi wani tunani tsohuwar hoton ta ɓace, ruwa ya cika ƙyallen daga wannan sanda zuwa waccan.

Na sauke abin magana daga bakina. Ƙananan jirage suna fita daga gindin dutse da sassafe, suna ƙanƙancewa, har suka zama kamar ƙudaje a kan faifai, sannan babu su. Ruwa kawai, da wani miƙaƙƙen layi can nesa inda ya haɗu da sama. Filin ya yi tsit, ba ka jin komai sai ƙarar injin wuta da kiɗan nan.

"Malam, yi magana mana," in ji mai inji ƙasa-ƙasa.

"Sarkin Baki ya haɗiye harshe," in ji direba daga kan mota.

Sai wani dattijo daga cikin maza ya ɗaga murya. "Malam, wannan wane gulbi ne? Ina ƙetaren?"

Tambaya ce a gaban jama'a, kuma amsawa ce aikina. Na ce teku ne, ba a hango ƙetarensa, jirgi yakan kwana ya wuni a kai bai ga ƙasa ba.

"To da rani fa? Ina yake komawa?"

"Ba ya komawa ko'ina, Baba. Haka yake."

"Ko da bazara?"

"Ko da bazara."

"Ikon Allah," in ji shi. "Irin wanda alhazai ke hawa ke nan."

Na ce irinsa ne. Lasifika ta kai maganar har bayan gari.

Hoton ya ci gaba. Sama ta yi baƙi, iska ta taso, ruwan ya riƙa tashi tsaye ya fi soro tsawo yana dukan dutse yana farfashewa. Mata cikin baƙaƙen mayafai sun jeru a kan dutsen suna kallo, iska na jan zannuwansu, ba mai motsi. Da gari ya waye ruwan ya kwanta lumui kamar ba shi ba. Jirage suka dawo, aka ja su gaɓa, aka bar wani gurbi a tsakaninsu ba kowa. A ƙarshe aka nuna wata mata a ƙofar gida riƙe da babban faranti, mutane na wucewa ɗaya bayan ɗaya, tana ɗiba tana zuba wa kowa a tafin hannu. Baturen ofis ya gaya mini dafaffiyar alkama ce, na kuwa faɗi haka. Ban ƙara komai ba, amma matan ba su bukaci ƙari ba. Na ji suna cewa a junansu, sadaka ce, mijinta ne ko ɗanta, ga shi ba makara ba kabari.

Aka kashe inji, mutane suka fara watsewa da fitilunsu. Muna kwance igiyoyi sai na ga Inna ta nufo mota ita kaɗai. Na durƙusa na gaishe ta. Ta amsa a gajarce, ta wuce ni zuwa wurin mai inji.

"Ɗan nan, kai ke da abin?"

"Ni ne, Inna."

"Maido mini wurin ruwan."

Mai inji ya dube ni. Direba ya fara cewa man inji a ƙididdige yake, na ce masa mahaifiyata ce. Sun san labarin yayana, mun sha hira a hanya. Direba ya sauko daga kan mota ya cire hularsa ya sake sawa, ya je da kansa ya ja igiyar injin wuta. Mai inji ya naɗe fim ɗin baya da hannu yana duba shi a hasken fitila har ya samu wurin. Bai kunna sauti ba.

Inna ta taka har gaban ƙyallen, kusa ƙwarai, inuwar kanta ta faɗa cikin ruwan. Ta fara daga sandar hagu, tana bin layin nan na nesa da ido, tana tafiya a hankali har sandar dama. Na san abin da take nema. Duhun itatuwa take nema, ko tudu, ko wani farin rairayi, abin da ke nuna wa mai iyo inda zai dosa. Ta dawo tsakiya ta ɗora yatsa a saman layin.

"Nan fa?"

"Sama ce, Inna."

"Nan kuma?"

"Ruwa ne."

"In an wuce nan?"

"Ruwa ne dai."

Ta tsaya har iskar ta taso a jikin ƙyalle, ruwan ya fara tashi. Ta kalli wannan ma, ba ta kau da kai ba. Can ta ce, kamar mai magana da kanta, "Ba ko reshe." Sannan ta juya ta ce wa mai inji, "Ya isa. Allah shi yi maka albarka."

Na raka ta gida, maƙwabciyarmu na biye da mu. Hanyar ta ratsa ta cikin gulbi, lokacin kuwa rani ne, muka bi ta kan rairayi ƙafafunmu na nutsewa. Muka isa gida. Ta shiga ɗakinta ta saki asabari.

Da asuba bayan an fito masallaci ta aika aka kira Baffa. Ya zo ya tsaya a tsakar gida da carbinsa. Matar yayana tana bakin murhu tana hura wuta. Inna ta fito ta zauna a kan turmin da aka kifa, ta gaishe shi yadda ta saba, ta tambayi iyalinsa. Sannan ta ce:

"Malam, a gaya wa mutane. A jiƙa gero."

Baffa ya dube ta. Ya ce, "Kin tabbata, Innar yara?"

"Na gani da idona. Ba wurin hita."

"Wanda ruwa ya ci a hanyar Makka shahidi ne. Ki riƙe wannan."

"Na riƙe."

Ta juya wajen surukarta. Tun da aka kawo yarinyar gidan ban taɓa jin Inna ta yi mata magana mai taushi irin ta ranar ba. "Ɗiyata, na tsare ki da yawa. Ki yahe mini. Tashi ki cire awarwaron nan." Matar yayana ta dubi hannuwanta kamar ba nata ba. Ta zare su ɗaya bayan ɗaya ta ajiye a kan murfin tukunya, ta shiga ɗaki. Sai a lokacin muka ji kukanta, kukan da ta riƙe tun ranar da alhajin Mawashi ya zo.

Na roƙi direba su wuce Yashe ba tare da ni ba, mai inji ya ce zai yi maganar da kansa, ko da mutane za su jefe shi. Baffa ya je wurin alƙali da shaidar alhajin, aka tabbatar, matar yayana ta shiga takaba. Aka daka gumba a turmin Inna, ita ta auna geron da hannunta. Malamai suka sauke Alƙur'ani a zaure. Mutane suka zo daga Kusada da Mawashi da Bauranya, da yawansu waɗanda ya taɓa ƙetararwa ne, kowa da labarinsa. Wata tsohuwa ta ce ya fid da ita da ɗan akuyarta a ka, ruwa na jan su, yana ta mata ba'a wai akuyar ta fi ta hankali. Aka yi dariya kaɗan, aka share ido.

Inna tana zaune a ɗaki cikin mata. In an ce mata ya haƙuri, ta ce da godiya. Ba ta yi kuka a gaban kowa ba, ɗan fari ne, ba a yi. Sai dai daga ranar ba ta ƙara zama a bakin zaure ba, kuma barcin damina da take samu shi ma ya tafi. A da tana da rabin shekara na jira da rabin shekara na hutu. Yanzu duk ɗaya ne. Bayan takaba matar yayana ta koma Yashe, daga baya ta yi aure, aka bar wa Inna yarinyar. Na sha tambayar kaina ko gara da an bar ta da ruwanta mai janyewa. In na tuna da awarwaron nan a kan murfin tukunya sai in kasa cewa e. In na tuna yadda Inna ta rame a shekarar sai in kasa cewa a'a.

Ranar da zan koma bakin aiki na shiga yi mata sallama. Tana zaune a bakin gado, hannuwanta a cinya, ba ta aikin komai. Na durƙusa, ta sa mini albarka. Har na kai ƙofa ta kira ni.

"Kai da kuka yi karatu. Ruwan nan, da sanyi?"

Na ce ban sani ba, Inna.

"Ba a koya maku ba?"

"Ba a koya mana ba."

"Shi ba ya son sanyi," in ji ta. "In ya hito daga gulbi sai an hura mashi wuta."

Wannan ce magana mafi tausayi da na taɓa ji ta yi a kansa. Ashe duk shekarun da yake fitowa daga gulbi yana rawar ɗari ya tarar da wuta a tsakar gida, ita ke sa a hura, ta koma ɗaki kafin ya shigo.

Mun ci gaba da yawo da hoton tsibirin nan har aka bukace shi a Kaduna. Na yi maganarsa a garuruwa da yawa, kullum ana dariyar jaki, kullum wani ya tambayi ƙetare. Ban ga teku da idona ba sai bayan na koma aikin rediyo, aka tura mu Ikko wani kwas na ƙarin horo. Ranar hutu abokan aiki suka ce mu je bakin ruwa. Suna ta ɗaukar hoto, ni kuwa na naɗe ƙafar wando na shiga har gwiwa, na sa hannu. Da ɗumi. Lokacin Inna ta shekara biyu a ƙasa.